Ƙwarin da Tomoe Ta Bari

Ranar Talatar nan Tomoe ta tashi ƙarfe shida, kamar kullum. Shida da rabi ta shiga ɗakin baya, inda take kiwon manyan ƙwari masu dogon ƙaho, 'yan asalin Kudancin Amurka, da tsutsotsin da ke rikiɗa su zama ƙwarin. Ta duba ma'aunin zafi, ta yanka musu ayaba. Ƙarfe bakwai ta zuba wa mahaifinta Shozo shinkafa da miyar waken soya.

"Baba, don Allah yau kada ka kashe min na'urar sanyi."

"Ni ina nan ina gumi, tsutsa na shan iska."

"Ai sun fi ka aiki, tsoho ɗan fansho."

Takwas saura kwata ta hau keke zuwa kantin maganin da ta shekara tara tana aiki. Ƙarfe biyu aka bugo wa Shozo waya: jijiya ta fashe mata a ka, ta rasu. Shekarunta talatin da huɗu.

A al'adarsu ba a taɓa kayan mamaci sai ya kwana arba'in da tara, amma tsutsotsi goma sha huɗu da ta bari cikin kwalabe ba za su jira ba. Shozo, tsohon malamin lissafi, ya bi kwanan watan da ta rubuta a kan kowane murfi. Ranar da ya kamata a canja ƙasar da ke cikin kwalaben, ya juye kwalbar farko a faranti. Dunƙulen ƙasar ya rabe biyu, sai ga tsutsar ta yi rawaya, kwance cikin wani rami mai santsi.

Ya kira Hirose, mai shagon da Tomoe take sayen ƙasar kiwon tsutsotsin.

"Malam, ɗakin da za ta rikiɗa a ciki ka rushe. In ta yi rawaya ba a taɓa ta, kome aka rubuta a murfi. Tomoe da ido take ganewa."

"Ba ta faɗa min ba."

"Ka taɓa tambayarta?"

Hirose ya nuna masa yadda ake fafe jiƙaƙƙen soso a kwantar da tsutsar a ciki. Wata biyu Shozo yana cin abinci shi kaɗai a ɗakin baya, yana gadinta. Ƙwaron ya fito namiji, da ransa, ƙahonsa a karkace.

Daga nan ya raba kayan. Tufafi ga 'yar ƙanwarsa, keke ga maƙwabciya. Kwalabe goma sha ukun da suka rage da manyan ƙwarin ya kai wa Hirose, don ba a sakin baƙon ƙwaro a daji. Mai karkataccen ƙahon, Hirose ya ce ba wanda zai karɓa. Shozo ya komo da shi gida a kwandon cefane.