Ɗakin Inna bai rushe ba

Shekarar da na kawo Inna, mahaifiyata, birnin Gadarif don a duba mata ido, 'ya'yana mata biyu sun haukace da wani katun na tinnin, macijin nan mai fukafukai da ke fesa wuta. Kullum bayan la'asar suna gaban talabijin. Larabcin katun ɗin na littafi ne, Inna kuma na kasuwa kawai ta iya, don haka ni ne tafinta.

Ido ya warke tun kafin a yanke riɗi, ta fara zancen komawa ƙauyenmu, Ƙala'at an-Nahal. Ni kuwa ban so ba. Na gaji da jin ana cewa ɗan fari ya bar uwarsa a ƙauye, kuma gaskiya tana ɗauke mana rainon yara. Sai na ce mata ruwan damina ya rusa ɗakinta, har rumbun. Na faɗa a hankali, ina miƙa mata shayi. Ba ta ƙara tayar da maganar ba.

Mugun da ke cikin katun ɗin ba ya ihu, ba ya zare takobi. Mutum ne mai tsafta da ladabi. Ya kama ɗan tinnin, ya ɗaure masa fiffiken da ya karye, yana ba shi kifi da hannunsa. Har ina yaba wa yaran wayonsa, ina cewa ai wannan ya fi jarumin hankali.

Wata rana fiffike ya warke, ɗan tinnin ya ce zai koma dutsensu. Mugun ya shafa masa kai ya ce dutsen ya ƙone, babu abin da ya rage, ya zauna nan inda ake son sa. Yaran sun san ƙarya ce, ƙaramar har tana dukan tabarma.

“Kai, ɗan nan, me ya ce?” in ji Inna. Ba ta taɓa kiran sunana ba, saboda kunyar ɗan fari.

Na ce surutu ne kawai.

“La, fassara mini. Wannan maganar ai ka iya ta.”

Na fassara, kaina a ƙasa. Ban taɓa jin muryata ta yi mini muni kamar ranar ba.

Ta gyara mayafinta ta ce, “Maƙwabciyata ta aiko mini da kuɓewa busasshiya wata biyu da suka wuce. A kan rufin ɗakina ta shanya ta.”

Wata biyu ke nan tana karɓar shayi daga hannuna. Kunya ta hana ni ko ba ta haƙuri a gaban yaran.

Babbar 'yata ta juyo wajen kakarta ta ce, “Habboba, ɗan tinnin ɗin zai gane?”

“Ya gane tuni,” in ji Inna. “Jira yake mutumin ya faɗa da bakinsa.”

Washegari na kai ta tasha. Ta ƙi bari in riƙe mata ƙunshin kayanta.