Ɗaki na Goma Sha Bakwai

Shekarun baya, muna Akokan, garin haƙar ma'adinai, maigidana yana aikin ƙarƙashin ƙasa. Ba a sauka rami da waya, don haka in motar ma'aikata ta ɗauke shi sai ya bar mini 'yar salularsa, mai fuska kamar kwalin ashana.

Lokacin ina karatun manya, amma na riga na yanke zan daina. Wata biyar ina juya harafi baya. Na ce masa kaina ya bushe, ya bar ni da tukunyata.

A wayar akwai wani wasa mai ɗaki-ɗaki: ɗan mutum cikin lungu yana tura akwatuna zuwa mazauninsu. Yana turawa, ba ya iya jawowa. Maigida da abokan aikinsa sun maƙale a ɗaki na goma sha bakwai, har gardama suke wajen shayi. Ni kuwa tausayin ɗan mutumin ya sa na taɓa, don na ga kamar ma'aikacin rami ne aka manta da shi a ƙasa. Ku yi dariyarku, nima na yi.

Da na ƙura ido sai na ga madafata ce sak. Ƙunci ne da ita, in an kawo ruwa a bido, wato jarka, wanda zai zauna can ƙurya shi nake fara shigarwa, in ba haka ba na toshe wa kaina hanya. Su maigida kuwa akwatin bakin ƙofa suke fara turawa. Kwana uku ina gwadawa tsakanin wanki da girki, rana ta huɗu ɗakin ya buɗe.

Maigida ya dawo tare da abokinsa, mutumin Tawa. Ya duba wayar, ya ɗago.

"Maman yara, wa ya shigo gidan nan?"

"Ba kowa."

Abokin ya mayar da wasan baya ya miƙo mini. "To madam, maimaita mu gani." Na maimaita, ina gaya musu yadda nake jera bido a madafa. Ya riƙe baki ya ce, "Mu da muke haƙa dutse, bido ya kayar da mu!"

Maigida ya daɗe yana kallona. "Wannan kan ne ya bushe?"

Ran Litinin na koma aji, ban sake fashi ba.

Wayoyin yanzu har fuskar jikokina suna nuna mini daga Maradi, amma ba su ba ni mamakin waccan ba. Yaya aka yi ɗakuna masu yawa haka suka shige abin da bai cika tafin hannu ba? Wanda ya tsara su bai san da ni ba, amma ya jira ni in yi tunani, bai taɓa gaggauta ni ba. Wannan rubutun ma da kuke karantawa, ni na yi shi da hannuna.