Farin Hankicin Pani Genowefa

Shekara talatin da ɗaya Pani Genowefa, wato Malama Genowefa, tana shiga motar layin dogo ta ƙarfe shida, ta sauka a ƙofar gidan shirya fim na birnin Łódź, ta kunna dutsen guga kafin mai gadi ya gama shayinsa. Aikinta tufafin Irmina Sulecka ne, tauraruwar da hotonta ya cika bangon gari. Amma da an kunna fitilu sai ta bar gugar, ta raɓe a gefen kyamara da farin hankici a hannu, idonta a kan bakin kowa.

To, me ya kai mai guga nan? A zamanin da hukuma ke da kunne a kowane ɗaki, wannan tambaya ta isa ta kashe wa mutum kasuwa. Da ta shigo ɗakin cin abinci sai hira ta mutu.

"Ku kama bakinku, ga 'yar rahoto nan," in ji Pan Zdzisław, wato Malam Zdzisław, mai kula da fitilu.

"Na ji ka, Pan Zdzisław," ta ce, ta ɗauki miyarta ta zauna ita kaɗai.

Ranar bikin sunanta, wanda a nan ake yi wa kowa duk shekara kamar bikin ranar haihuwa, ko fure ɗaya ba a kawo mata. Gwamnati ta sauya, zargin yana nan; sai aka koma cewa 'yan jarida take yi wa aiki. Mu ma, abokan aikinta, mun faɗa, kuma yau kunya ta ishe mu.

A makon jiya aka yi mata walimar ajiye aiki, mutane suka zo don kek kawai. Pani Irmina, da sandarta, ta miƙe.

"Tun ina shekara talatin da biyar zazzaɓi ya tafi da jina," ta ce. "Da darekta ɗaya ya sani, da an sallame ni. Gienia, Genowefar nan tamu, ita ce ke haddace maganar kowa. In ta ɗaga hankici, lokacin maganata ya zo. In ta ninke, in yi shiru."

Pan Zdzisław ya ajiye kofinsa. "Pani Gienia, me ya hana ki faɗa?"

"In faɗa wa wa? Kai?" Ta dube shi sama da ƙasa. "Da kafin a tashi aiki an ji a Warsaw."

Ke ce, Pani Genowefa, kika haɗiye baƙin suna don wata ta ci gaba da tsayawa gaban kyamara. Duk hawayen da ƙasar nan ta zubar a gidan sinima, hannunki ne ya ba shi lokaci, kuma ko sau ɗaya sunanki bai fito a allo ba. Mun gode, ki yafe mana. Masu tasowa a wannan sana'a, ku koyi riƙon amana a wurinta, ku kuma rage saurin yanke wa mutum hukunci.

Da aka fara tafi, Pani Irmina ba ta ji ba, kanta na kan takarda, tana ta karanta godiyarta. Can ta ɗago, kamar yadda ta saba, ta nemi gefen ɗaki. Pani Genowefa ta ninke hankicin a hankali, karo na farko a gaban idon kowa.