Ƙofar Kicin Ɗin Milka

Azariya ne ya yi get ɗin rabin gidajen unguwarmu a Kafanchan. Idan ka ga ƙofar ƙarfe da ta daɗe tana shan ruwa da rana ba ta karkace ba, duba kusurwarta, za ka ga waldar a kwance sumul kamar ɗinkin keke. Hannunsa ne. Ni sunana Kumai. A rumfa ɗaya muka yi aiki da shi tun gashina yana baƙi, shi a kan injin walda, ni a kan yanka da fenti, har daga baya ni ma na kama walda. Ba na son yabon mutum da baki. Abin da na gani da idona shi zan faɗa.

Daga wani ƙauye ta wajen Zangon Kataf ya zo yana saurayi, ya shiga aikin reluwe a Loko, inda ake gyaran taragai. Da jirgi ya daina zuwa, wasu suka koma gona, wasu suka koma gidan burkutu. Shi ya kafa rumfa a bakin titi. Mutum ne mai nauyin baki. A majami'a benci na baya yake zama, ba ya waƙa, amma idan ƙafar benci ta karye ranar Lahadi, kafin sujada ta gaba an gyara, kuma ba wanda ya ga lokacin.

Matarsa Milka ita ce mai maganar gidan. Kullum da rana takan kawo mana faten acca a kwano, ta tsaya ta riƙe ƙugu. Kicin ɗinta ba shi da ƙofa. Fallen kwano ne take jinginawa, ta tokare shi da dutse. Iska ta kayar, ruwa ya jiƙa itace, awaki su shiga.

"Baban Faustina, akuyar maƙwabta ta ce in gaishe ka. Ta gode da garin masara."

"Zan yi."

"Kumai, kai ne shaida. Ya ce zai yi."

"Mama, ni ɗan aiki ne, ba na shiga shari'ar manya."

"Amma kana shiga kwanon manya, ko? Ci, Allah yana ganinku ku biyu."

Sai mu yi dariya, mu ci. Ba wai bai taɓa yin niyya ba. Yakan yanka ƙarfen ƙofar ya ajiye a gefe. Sai wani ya zo a guje, ɓarayi sun ɓalle masa taga, ko biki ya matso babu get. Azariya ba ya iya kallon mutum ya ce a'a. Ya ɗauki ƙarfen Milka ya yi wa baƙo aiki. Na gida ai zai jira. Haka shekaru suka wuce.

Sai jiri ya fara ɗaukarsa. Ya tashi daga tsugune, ya dafa bango. Faustina, 'yarsu da ke koyarwa a Kwoi, ta kai shi babban asibiti a Jos. Aka ce zuciyarsa tana tsallake bugu. Suka tsaga fata a ƙarƙashin ƙashin wuyansa na hagu, suka dasa masa wata 'yar na'ura da ba ta kai kwalin ashana ba. Mu dai batir muke kiranta.

Faustina ce ta zo rumfa da kanta ta yi mini bayani, don ta san ubanta.

"Baba Kumai, abin nan sauraron zuciyarsa yake yi. In ya ji shiru, sai ya ƙwanƙwasa mata ta buga. Amma wutar walda da wayoyin nan suna fitar da wani ƙarfi da ido ba ya gani. In ya kai ga batirin, sai ya ɗauka zuciyar ce take bugawa, ya naɗe hannu. Likita ya ce kada ya ƙara kama walda. Ko tsayawa kusa da inji yana aiki kada ya yi."

"Shi ya ji?"

"Ya ji. Ya ce to. Kai ma ka san to ɗinsa."

Amma ya bari, saboda Milka ta tsaya masa a wuya. Ta yi masa wanka, ta hana shi ɗaga hannu har wurin ya warke, ta ƙwace wayarsa daga aljihun ƙirji ta mayar aljihun wando. Kowa a kan Azariya yake addu'a. Ba wanda ya kalli Milka. A tsakiyar damina ta kwanta da zazzaɓi da tari, kafin mu gane da gaske ne, ta tafi. Aka binne ta a bayan gidansu, kusa da bishiyar mangwaro. Ranar jana'iza na ga Azariya ya tsaya yana kallon fallen kwanon nan a bakin kicin, mata suna tsallake shi da tukwane.

A wajenmu, in shekara ta zagayo, akan gyara kabari, a kewaye shi da shingen ƙarfe, fasto ya zo ya yi addu'a, dangi su taru. Faustina ta ce ni in yi shingen. Azariya ya ce a'a.

Wata safiya na je kasuwa sayen fenti. Ina dawowa, tun daga nesa na ji janareta yana ruri a rumfa. Na saki gwangwanin na ruga. Yana tsugune a gaban ƙarfen shingen, gilashi a fuska, ya rataya wayar walda a kafaɗarsa ta hagu ya naɗe, yadda ya saba yi tun Loko don kada ta ja masa hannu. Wayar tana kwance daidai kan batirin. Ina kallo wutar ta fara rawa a hannunsa, kansa ya sunkuya, ya sulale gefe guda kamar buhun da aka kwance. Na kashe janareta, na fizge wayar na jefar. Fuskarsa ta yi toka. Na ɗora kansa a cinyata ina kiran sunansa. Can ya ja numfashi, ya buɗe ido.

"Wa ya kashe inji?"

"Ni. Kana so ka mutu a rumfar nan ne, Oga?"

"Saura kusurwa uku."

"Saura kai dai. A haƙa maka kusa da ita, in yi muku shinge ɗaya, in huta."

Sannan ya ce, "Ƙofa ɗaya ta roƙe ni, Kumai. Duk zamanmu ba ta taɓa cewa in saya mata zane ba. Ƙofa ɗaya. Na yi wa mashaya, na yi wa mutanen da ban san sunansu ba. Yanzu kuma ka ce wani ne zai yi mata wannan?"

Ban ce masa ya yi haƙuri ba. Me haƙuri zai gyara? Ni ma na ci faten nan, na yi dariyar akuya. Na san abin da yake nufi, domin da ni ne, ba zan yarda baki ya biya abin da hannu bai yi ba. Duk da haka na kwance wayoyin daga inji, na naɗe, na ɗaure a bayan mashin ɗina. Na ce masa muddin janareta yana aiki, kada ƙafarsa ta ƙetare kwalbatin bakin rumfar. Rumfarsa ce. Shi ya kafa ta, shi ya koya mini riƙe sandar walda. Ya tashi, ya kakkaɓe wando, ya ce to. Ban iya kallon bayansa ba.

Faustina ta sake kai shi Jos. Suka duba, suka ce batirin bai lalace ba, amma Allah ne ya sa an kashe injin da wuri. Daga nan ya daina zuwa rumfa. Ni ma ban je gidansa ba. Kunya nake ji, kuma ban san ta mece ce ba.

Ranar wata Asabar na bi ta layinsu, sai na ji ƙarar guduma. Na leƙa. Ya jawo guntun ƙarfen layin dogo da ya daɗe a bayan ɗaki ya mai da shi maƙera. Ga zarto, ga magagari, ga tsohon abin huda ƙarfe da ake juyawa da hannu. Yana huda sanduna, ya zura ribit, wato gajeriyar ƙusa mai kauri, ya dake kanta da guduma har ta baje ta riƙe. Haka suke haɗa taragai a Loko. Babu wuta, babu waya.

Bai gaishe ni ba. Ya ce, "Riƙe mini nan."

Na riƙe.

"Wannan aikin wahala ne, Oga. Rami ɗaya kana gumi kamar mai huɗar doya."

"Wa ya tambaye ka? Daidaita hannunka, kana karkata."

Daga ranar nakan rufe rumfa da la'asar in je in riƙe masa. Riƙo kawai. Ko sau ɗaya bai ba ni gudumar ba. Tafin hannunsa ya yi bororo, ya fashe, ya naɗe da tsumma. In ya gaji ya zauna a kan dutsen kicin ya dafa ƙirji, ni kuma in zuba masa ido har sai ya tashi.

Shingen ya tsaya kafin ranar taro. Fasto ya yi addu'a, Zumuntar Mata suka yi waƙar da Milka take jagoranta. Mutane suna shafa kawunan ribit ɗin suna cewa ba su taɓa ganin irinsa ba. Azariya yana baya, ya sunkuyar da kai. Na ɗauka ya huce.

Da baƙi suka watse, bayan 'yan kwanaki, ya aiko a kira ni. Na same shi yana auna bakin kicin. Ba mai girki a ciki yanzu. Maƙwabta ne suke aiko masa abinci, murhun ya yi sanyi, gizo-gizo ya yi saƙa a kan tukunya.

"Oga, wa za ka yi wa?"

"Riƙe mini nan."

Ƙofar ma da ribit ya haɗa ta, ya sa mata sakata, ya shafa koren fenti. Ranar da muka rataya ta, ya buɗe, ya rufe, ya sake buɗewa. Ko ƙara ba ta yi.

"Ta zauna?"

"Ta zauna."

Ya daɗe yana kallonta. Ya ce, "Da inji, kafin ta kawo abincin rana da na gama."

Gaskiya ya faɗa. Na sunkuya zan ɗauke dutsen da take tokare kwanon da shi in jefar bayan gida. Ya riƙe mini hannu.

"Bar shi nan."

Dutsen yana nan a bakin ƙofar. A kansa yake zama da safe.