Kunnen Mai Agogo

Shagonsa bai fi ɗakin girki girma ba, yana maƙale tsakanin mai gyaran takalma da wani kantin magani. Agogo ne ko'ina: na bango, na tebur, na hannu fal cikin gwangwanayen alewa. Shekara talatin da ɗoriya yana kan kujera ɗaya, gilashin ƙara girma manne a ido. Kunnensa na hagu ya mutu tun yana yaro, amma na dama ba a magana. Ka miƙa masa agogo, ba zai buɗe ba. Zai kara shi a kunne, ya lumshe ido, ya ce, "Wannan ƙishin mai yake ji." Kuma haka ɗin ne.

Da zuciyarsa ta gaza, likitoci suka buɗe ƙirjin suka sa wa zuciyar ɗan murfin ƙarfe a madadin nata da ya lalace. Ya dawo gida ƙirjinsa na ƙas, ƙas, ƙas, kamar agogo. Mai takalma ya yi dariya har da hawaye, ya ce, "To kai kuma wa zai riƙa wana ka?" Matarsa ba ta yi dariya ba. Sati guda tana waige-waige a ɗakin da babu agogo.

Nas ɗin da ke duba shi ta yi masa bayani dalla-dalla. "Baba, jini ba ya shiri da ƙarfe, daskarewa yake a kansa. Ƙwayar nan ita ke tsinka shi. Ɗaya kullum da yamma, kar ka ƙara, kar ka rage. Duk wata ka zo mu ɗiba mu auna. Lambarka ta tsaya tsakanin biyu da rabi da uku da rabi. In ta sauka, jinin ya yi gudaji. In ta hau, ya zuba ba tsayawa." Ta ba shi kati mai layi-layi.

Shekara huɗu ya bi doka sau da ƙafa. Amma mutumin da duniya ta yarda da kunnensa, da wuya ya yarda da allura. A ransa, me wata lamba za ta faɗa masa wanda bai riga ya ji ba? Sai ya tsiri wani abu. Kullum sha biyun rana ya rufe ƙofa, ya bi agogon bango ɗaya bayan ɗaya ya tsayar da su, ya zauna cikin shirun yana sauraren ƙirjinsa. In ya ji kamar ƙarar ta yi nauyi, sai ya ce ƙishin mai ne. Ya ɗora ƙwaya a kan teburin aiki, ya yanka ta gida huɗu da 'yar wuƙarsa, yanka mai kyau, ya ƙara kwata a kan ta yamma. Wata uku katin bai ga biro ba.

Matar ta fara ganin tabo baƙi-baƙi a damtsensa, da ja-ja a buroshin haƙori.

"Baban yara, yaushe rabonka da asibiti?"

"Ina auna kaina," ya ce. "Ke dai bar ni da aikina."

Wata Talata ta kai masa abinci da wuri. Ta tura ƙofa, sai ta ji shagon tsit. Agogo ashirin, duk hannayensu a tsaye kan sha biyu. A tsakiyarsu mijinta zaune, kai a karkace, ƙas, ƙas, ƙas na fita daga rigarsa, tas kamar kullum. A gabansa akwai wani buɗaɗɗen agogo mai farar fuska. Tana kallo, ɗigo ja ya sauka a kai daga hancinsa. Wani ya biyo baya. Bai ko motsa ba.

"Baban yara!"

Bai juyo ba. Sai da ta dafa shi ya zabura, ya dube ta da idanun da ba ta taɓa gani ba, tsoro fal cikinsu.

"Ya tsaya," ya ce da ƙarfi, kamar mai kiran wani daga nesa. "Zuciyar ta tsaya. Ba na jin ta."

Ita kuwa tana ji.

A asibiti lambar ta haura tara. Jinin ya tsinke har ya zuba a can cikin kunnen dama. Suka tsayar da zubar, suka ceci ransa, kunnen kam ya tafi. Nas ta rubuta masa a bayan katin, da yake magana ba ta da amfani yanzu: "Ƙarfen lafiyarsa ƙalau, Baba. Jinin ne, shi kuma ba a jin sa."

Yanzu ba ya tsallake awo ko na wata ɗaya, ƙwayar ma matar ce ke miƙa masa. Yana nan a shagon, yana canza batir da madauri. Agogon bango na ta bugawa, shi dai hannayensu yake gani. Sha biyu na yi, sai ya ajiye abin da ke hannunsa ya zuba wa ƙofa ido har ta shigo. Ta ajiye kwano, ta sunkuya ta kara kunnenta a ƙirjinsa.

"Yana yi?" ya ce.

Ta ɗaga kai, ta fara buga masa da yatsa a bayan hannu, ɗaya bayan ɗaya.