Ƙwaryar Hajjo

Gummi

Ana idar da sallar asuba muka fita, ranar bikin samun 'yancin kai, ni da Inna da wata tsohuwar ƙwarya da ta cika da gero ta ɗaure da tsumma. Ƙwaryar Hajjo ce, Bafulatanar da ta daɗe tana kawo mana nono. Ranar da muka gudo daga ƙauyenmu saboda 'yan bindiga, da nonon a ciki Inna ta taho da ita. Sai ga labari Hajjo tana kwance, jiki ya yi tsanani. Na ce a aika da ƙwaryar, Inna ta yi min kallon da ya sa na shirya raka ta.

Bukkuyum

Mun tarar da 'yan makaranta suna maci da 'yan tutocinsu, ganga na tashi. A rediyon motar da ta kawo mu ana ta jawabin yadda ƙasashe ke harba bindiga da wasan wuta ranar 'yancinsu.

"Su har murna suka yi da ƙarar bindiga?" in ji Inna. Direba ya yi dariya, ni kuwa na kasa.

Muka sha kunu da ƙosai, muka hau babura biyu.

Hanyar Gwashi

Na riga na roƙi Inna, in an tambaya ta ce gari za mu, kada ta ambaci ruga. A shingen 'yan sa-kai wani ya tare mu.

"Inna, ina zuwa?"

"Ruga. Wurin ƙawata."

Mutumin ya ɓata fuska ya ce, "Ruga, cikin wanga hali?"

"Awo. Ita tay yi min wankan jego sadda na haihi wanga ƙaton. Buɗe min, ɗana."

Ya dube ni, ya dubi ƙwaryar, ya ɗaga sandar. "Ku dawo kahin la'asar."

Ruga

Mun sami Hajjo da rai, alhamdu lillahi, sai dai ido ya tafi. Ta shafa ƙwaryar har yatsanta ya kai kan ɗinkin da ke bakinta, ta kira sunan Inna. Suka riƙe juna suna kuka, ni ma ban iya daurewa ba.

Hira ta yi daɗi na shiga nuna wa Inna rana. Ta ce, "Kai da ka yi boko, mi a 'yancin in mutum bai iya ƙare hira da ƙawatai?" Na gyara zama.

Da za mu tashi Hajjo ta sa jikarta ta juye geron, ta cika ƙwaryar da nono, ta miƙo wa Inna.

Gida

Mun iso Gummi ana kiran magariba. Mun gode wa Allah da ya tsare, da masu baburan da suka jira mu ba ƙorafi. Inna ta raba nonon har maƙwabta, ta wanke ƙwaryar ta kife, ta ce, "To ka gani, har yanzu kayan mutane na hannuna. Sai ka koma kai ni."