Injin da Ke Shan Gaisuwa

Azare, ƙarfe biyar da kwata

Ana idar da sallar Asuba na saɓi akwatin kayan aikina na nufi tasha. Sunana Sabo, gyaran janareta ne sana'ata, kuma wayar da Falmata ta yi mini ana gobe zan tafi ita ta tayar da ni. Falmata 'yar Ba Modu ce, ogana da ya koya mini aiki a Maiduguri. Layin yana ta yankewa, abin da na tsinta kawai shi ne: "Yaya Sabo, Baba ya ce Uwar Wuta ta tsaya. Yau kwana huɗu ya ƙi cin abinci. Ya ce kai za a kira."

Uwar Wuta kuma? Shekara tara na yi a garejin Ba Modu, duk injin da ya laƙaba wa suna na san shi, daga Tsohuwa har Mai Tari, amma wannan ban taɓa jin ta ba. Mutumin da idonsa ya rufe shekara uku ke nan, wane inji yake taɓawa? Na dai zuba sifana da filaya da fulogi na rufe akwati. Motarmu ta tashi shida saura kwata.

Potiskum zuwa Damaturu

Bakwai da rabi muka tsaya shan shayi a Potiskum. Direban, wani mai surutun tsiya, ya ƙyalla ido ya ga akwatina.

"Oga, dizal yake sha ko fetur?"

"Wallahi ban sani ba."

"Ka taso tun daga Azare ba ka san abin da za ka gyara ba?"

Gaskiya ya faɗa. Bayan Damaturu, a wani shingen bincike, soja ya sa na buɗe akwatin, shi ma ya yi mini tambayar nan. Na ce sunan injin Uwar Wuta. Ya daɗe yana kallona kafin ya ce mu wuce. Kusan kilomita ɗari da talatin ɗin da suka rage na yi su ina lissafa injinan da na sani, ko ɗaya bai dace ba.

Unguwar Fezzan, Maiduguri, ƙarfe ɗaya da minti ashirin

Keke napep ya sauke ni a ƙofar gidan. A zaure na tarar da Ba Modu kan tabarma, ya rame har gabana ya faɗi. Kusa da shi wani dattijo ne da tulin littattafan rubutu, wai Malam Bitrus, maƙwabcinsa, tsohon akawu daga kudancin Borno. Na dire akwati na ce, "Sannu Oga. Ina injin?"

Ba Modu ya juyar da fuska ga bango. Malam Bitrus ya miƙo mini littafi ya ce, "Ga shi nan."

Na buɗe, rubutu ne zalla. Na zaci takardun injin ne, har na leƙa tsakar gida ko zan ga waya ko tankin mai. Sai Malam Bitrus ya zaunar da ni ya yi mini bayani. Tun da ido ya tafi, kullum da hantsi Ba Modu yakan ƙago labari, shi kuma ya rubuta. Labarin wani birni ne a ƙarƙashin Tafkin Chadi, an rufe shi da gilashi, rana ba ta isa can. Haskensu, da iskar da suke shaƙa, da jiragensu marasa fiffike, duk inji ɗaya ke riƙe da su, ita ce Uwar Wuta. Littafi goma sha ɗaya suka cika. A na goma sha biyu injin ya tsaya, labari ya tsaya, cin abinci ma ya tsaya. Ba Modu ya ce ba zai sa loma a baki ba mutane suna cikin duhu.

Kaina ya ɗaure tamau. Na ja Falmata gefe na ce, "An kai shi asibiti kuwa?"

"An kai shi, Yaya. Sun ce ƙalau yake, yunwa ce kawai."

To ni me zan kwance, me zan ɗaura? Haushi ya kama ni, tsoro ma ya kama ni, don a gaskiya idan ya ƙara kwana biyu a haka ban ga alamar zai tashi ba. Da na rasa abin yi, sai na yi abin da ya koya mini: kafin ka taɓa inji, ka yi tambaya.

"Oga, me take sha?"

Bai juyo ba ya ce, "Gaisuwa."

"Gaisuwa dai da na sani?"

"Kowace unguwa akwai kunnen tagulla. Mutum ya gai da ɗan'uwansa, kunnen ya ɗauka, ya kai mata, ta juya. Doguwar gaisuwa ta fi ƙarfi."

"To kunnuwan ne suka toshe?"

"Na duba, lafiyarsu lau."

"Wayoyin fa?"

"Sabo, ni za ka koya wa aiki? Inji lafiya yake. Mai ne babu. Kowa ya shigo sai ya ce sannu, ya tambayi abin da ya kawo shi."

Malam Bitrus ya sunkuyar da kai yana gyara murfin bironsa. Ni kuwa kunya ta rufe ni tun daga kai har ƙafa. Rabona da zauren nan shekara shida, kullum ina cewa zan kira.

Na ɗauki akwatina na fita waje, na ajiye shi a bakin ƙofa. Na cire takalmi, na yi sallama, na shigo na durƙusa. Barbarcin nawa ya yi tsatsa, amma na lalubo shi, na yi masa sannu da yarensa. "Wushe, Ba. Wushe, wushe." Na tambayi jikinsa, da gida, da zafi, da 'ya'ya ɗaya bayan ɗaya da sunayensu, da mutanen tsohon gareji, na koma kan jikinsa. Can ya ce, "Kalewa," wato lafiya. Sai ya soma tambayar nawa mutanen, har da uwata da bai san ta rasu ba. Na gaya masa. Ya laluba ya kama hannuna, ya yi mini ta'aziyyar da ta makara shekara huɗu.

Mun fi minti ashirin a haka. Sannan ya ce, "Bitrus, rubuta. Fitila ɗaya ta kama a unguwar masunta." Ya ɗaga murya kaɗan: "Falmata, akwai sauran burabusko?"

Komawa

Na kwana a zauren. Washegari na bar Maiduguri ƙarfe bakwai, na iso Azare ana kiran La'asar, ko sifana ɗaya ban ciro ba. Matata ta tambaye ni ko gyara ya yi, na ce ya yi. Har yau ban san ko ciwo ne ya kama dattijon, ko wayo ya yi mini ba.

Na gode wa Allah da ya kai ni ya dawo da ni lafiya, na gode wa Falmata da Malam Bitrus. Yanzu kullum bayan Asuba nakan kira shi mu gaisa, shi kuma ya ba ni rahoton birni. Yau ya ce unguwa biyu sun samu wuta, tara suna cikin duhu. Na ce to me ya rage? Ya ce, "Ku goma sha huɗu na yaye a gareji, Sabo. Muryarka kaɗai nake ji."